Daga Korgom zuwa Tasawa: Direbobi na tsimin fetur, caca na kwashe ribar

A watan Yulin 2024 gwamnatin Nijar ta rage farashin litar fetur daga sefa 540 zuwa 499, ta kuma sauke na dizal, wanda ake kira gazuwal a ƙasar, daga sefa 668 zuwa 618. A lissafin kasuwa, inda ake ƙirga kuɗi da dala mai sefa biyar, litar fetur ta koma dala ɗari ba tamma ɗaya.

Ragin ya faranta wa jama'a rai. Sai dai ga ɗan kabu-kabun da ke jigilar mutane tsakanin ƙauyukan Korgom, ko direban da ke lodin fasinja daga Tasawa zuwa Maradi, farashin lita rabin labari ne. Ɗaya rabin shi ne yawan litar da injinsa ke sha kafin rana ta faɗi, kuma wannan ba gwamnati ke yanke shi ba. Yana ƙafar direba da hannunsa.

Akwai kuma tambayar da ba a cika yi ba: in an yi tsimin, ina rarar ke tafiya? Ga wasu matasa, a gida da ƙasashen waje, amsar ita ce tikitin cacar ƙwallo, ko cacar tseren dawaki, ko wani hutu da ake ɗokin zuwa domin a gwada sa'a. Abubuwan biyu duka lissafi ne, amma ɗaya yana ƙara wa mutum, ɗaya yana rage masa.

Ranar da man ƙetare ya daina araha

Korgom ƙaramar hukuma ce ta karkara a gundumar Tasawa, jihar Maradi. Tana kudu maso gabashin garin Tasawa, ba nisa da iyakar jihar Katsina. Mutanenta manoma ne na gero da dawa da wake da gyaɗa, kuma kusan duk abin da ya shiga ko ya fita daga ƙauyukan yankin, a kan babur ko tsohuwar motar kasuwa ko amalanke yake tafiya.

Shekaru da dama wannan yanki ya rayu ne a kan fetur ɗin Najeriya mai tallafi, wanda 'yan ruwa-ruwa ke tsallakowa da shi a jarka, ana sayarwa a kwalba a bakin hanya. Ko bayan da matatar SORAZ da ke kusa da Damagaram ta fara aiki a watan Nuwamban 2011, da ƙarfin tace ganga 20,000 a rana, man kwalba ya ci gaba da fin na gidan mai sauƙi a garuruwan bakin iyaka.

Lamarin ya sauya ranar 29 ga Mayun 2023, da Shugaba Bola Tinubu ya sanar da janye tallafin mai a jawabinsa na kama mulki. Cikin kwanaki kaɗan litar da ake saya ƙasa da naira 200 ta haura 500, kuma kafin ƙarshen 2024 ta wuce naira 1,000 a wurare da yawa. Rufe iyaka da ya biyo bayan juyin mulkin 26 ga Yulin 2023 ya ƙara tsananta abin, har zuwa watan Maris na 2024 da aka sake buɗe ta.

Da man ƙetare ya ja baya, sai nauyi ya koma kan SORAZ da kamfanin SONIDEP mai rarraba mai a ƙasar. A watan Maris na 2025 aka yi ƙarancin fetur da ya jawo dogayen layuka a Yamai da wasu garuruwa. Duk wanda ya kwana a layi a lokacin ya san cewa lita guda tana da daraja fiye da kuɗin da aka rubuta a jikin famfo.

Gudu ne ke shan mai

Abu na farko da ke cinye mai shi ne gudu. Mota tana tafiya ne tana keta iska, kuma turjiyar iskar ba ta ƙaruwa daidai da gudun. In an ninka gudu sau biyu, turjiyar ninkuwa take yi sau huɗu. Shi ya sa Ma'aikatar Makamashi ta Amurka ke cewa yawancin motoci suna fara zuƙar mai sosai da zarar gudu ya haura kilomita 80 a sa'a. Hukumar albarkatun ƙasa ta Kanada kuma ta ƙiyasta cewa motar da ke gudun kilomita 120 tana shan mai da kusan kashi 20 cikin 100 fiye da mai gudun kilomita 100.

A auna wannan da babbar hanyar ƙasa mai lamba 1, wadda ta taso daga Yamai ta ratsa Maradi da Tasawa ta nufi Damagaram. Tsakanin Maradi da Tasawa kimanin kilomita 120 ne. Mai gudun 100 zai yi minti 72, mai gudun 120 zai yi minti 60. Bambancin minti 12 ne kacal, shi ma in hanya babu kowa. Amma akwai Cadawa da Agye da Gazawa a tsakani, akwai shingayen jami'an tsaro, akwai amalanken shanu da garken awaki, ga kuma ranar kasuwa. Sau da yawa wanda ya wuce ka a guje, a shinge na gaba za ka tarar da shi, ya ƙona kuɗin lita biyu bai riga ka komai ba.

Abu na biyu shi ne yadda ake taka totur da birki. Duk lokacin da direba ya figi mota sannan ya danne birki, man da ya ƙona wajen tara gudun ya tashi a banza, ya koma zafi a ƙafafun mota. Alƙaluman Ma'aikatar Makamashin Amurka sun nuna tuƙin garaje na iya rage nisan da lita ke kaiwa da kashi 15 zuwa 30 cikin 100 a babbar hanya, da kashi 10 zuwa 40 a cunkoson gari.

Gogaggen direba idonsa na nesa. Yana hango rami ko tudun rage gudu ko jaki a bakin hanya, sai ya ɗaga ƙafa tun da wuri, mota ta rage gudu da kanta. Yana kuma sauya giya a kan kari, ba ya barin inji na kuka a giya ta biyu alhali ta uku ta isa. A yawancin ƙananan motocin fetur, in allurar juyin inji ta kai tsakanin 2,000 da 2,500, lokacin hawa giya ta gaba ya yi.

Ribar ba ta tsaya ga mai ba. Hukumar Lafiya ta Duniya ta ce duk ƙarin kashi 1 cikin 100 a matsakaicin gudu yana ƙara yiwuwar haɗarin da ke kisa da kashi 4. Sannu ba ta hana zuwa, in ji Hausawa.

Yashi, taya da lodi

Da zarar an sauka daga kwalta an nufi ƙauyukan Korgom, ko na arewa wajen Mayahi, sai tuƙi ya sauya. Hanyoyin burji ne da yashi, kuma yashi yana da nasa hukuncin.

Direbobin karkara sun san rage iskar taya yana taimakawa a cikin yashi, domin taya na ƙara faɗi ta daina nutsewa. Wannan gaskiya ne. Matsalar ita ce a hau kwalta a manta ba a mayar da iskar ba. Taya mai ƙarancin iska tana lanƙwasa a kowane juyi, tana jan inji, tana kuma yin zafi. A watannin Afrilu da Mayu, lokacin da zafi ke haura digiri 40 a jihar Maradi, wasu na sace iskar taya da gangan wai don kada ta fashe. Akasin haka ne ke faruwa: ƙarancin iska ne ke dafa taya har ta tarwatse. Daidaita iska kaɗai na iya rage shan mai da kusan kashi 3 cikin 100. A auna ta da safe kafin taya ta ɗau zafi, a kuma bi adadin da kamfani ya rubuta a jikin ƙofar direba, kada a bar wa mai faci ya ƙiyasta da bugun ƙarfe.

A cikin yashi kuma, tafiya da gudu ɗaya a giyar da ta dace ta fi taka totur da ƙarfi. Taya na juyawa a wuri ɗaya tana tona rami, mai na ƙonewa, mota ba ta matsa ko taku ɗaya ba.

Sai lodi. Kowane ƙarin kilo 45 yana rage nisan lita da kusan kashi 1 cikin 100, kuma ƙaramar mota ta fi jin nauyin. Direban kasuwa ba zai ƙi ɗaukar buhun wake ba tunda shi ne abincinsa, amma tsofaffin ƙarafa da matacciyar taya da jarkokin da ke kwana a but ba sa biyan kuɗin mota. Kayan da aka jibga a saman mota sun fi cutarwa, domin suna tare iska. Ko akwatin kaya na zamani da ake ɗorawa a rufin mota yana rage nisan lita da kashi 6 zuwa 17 cikin 100 a babbar hanya, balle tulin katifu da buhuna da aka ɗaure da igiya. In babu makawa sai an ɗora, a kwantar da kayan, a ja tamfol a ɗaure tam, a kuma rage gudu.

Ga masu babur, ƙurar hunturu ce babbar abokiyar gaba. Yawancin baburan da ke aiki a karkara masu kafireto ne, kuma a irin wannan inji, matatar iska in ta toshe, mai ne ke yawa a cakuɗin, hayaƙi ya yi baƙi, fulogi ya yi dauɗa. Wanke matata, duba fulogi, ɗaure sarƙa daidai da sa mata mai, da yin juye a kan lokaci, duk kuɗinsu bai kai abin da suke cetowa ba.

Dabarun da ke cutarwa

Akwai abubuwan da aka gada a tasha waɗanda ake ɗauka tsimi ne alhali asara ce.

Na farko, cire giya ko kashe inji a gangara, abin da direbobi ke kira firi. A motocin da ke da na'urar fesa mai ta zamani, in mota na cikin giya aka ɗaga ƙafa daga totur, na'urar da kanta take yanke mai. In kuwa aka cire giya, dole inji ya ci gaba da shan mai don kada ya mutu. Kashe inji ya fi muni, domin birki da sitiyari na yin tauri, kuma ran fasinja ya fi kofin fetur.

Na biyu, barin inji na aiki mota na tsaye, ko don a ɗumama shi da safe, ko don a ruɗi fasinja ya ɗauka yanzu za a tashi. Ƙaramar mota tana ƙona kimanin lita 1 zuwa 2 a kowace sa'a a haka. Injin zamani ba ya buƙatar dogon ɗumi, tafiya a hankali na 'yan mintuna ta isa. In tsayuwa za ta wuce minti guda, kashewa ta fi.

Na uku, sayen mai don arha kawai. Man da aka gauraya da kananzir ko ya sha ruwa da ƙura a jarka yana rage ƙarfin inji, direba ya ƙara taka totur, daga baya kuma bakanike ya karɓi nasa.

Hanyar gane gaskiya ɗaya ce, a auna. A cika tanki, a rubuta kilomita, a yi aiki, a sake cikawa, a raba. Wanda agogon babur ɗinsa ya mutu, ya riƙa rubuta yawan kwalaben da ya saya da zuwan da ya yi a kowace rana. Mako biyu sun isa mutum ya ga bambanci da idonsa.

Nawa ake tarawa?

A ɗauki misalin ɗan kabu-kabu mai shan lita 3 a rana, wato kimanin sefa 1,500. In ya rage kashi 10 cikin 100, ya ceci sefa 150, dala talatin ke nan. Kuɗin shayi ne, ba wanda zai waiwaye shi. Amma a kwanakin aiki 300, ya zama sefa 45,000, jika arba'in da biyar.

A ɗauki kuma motar haya mai zuwa Maradi daga Tasawa ta dawo, kilomita 240. In tana shan lita 12 a kowace kilomita 100, tana buƙatar kusan lita 29, wato wajen sefa 14,500. Ragin kashi 15 cikin 100 ya haura lita 4, kimanin jika biyu a rana. A kwana 25 jika 50 ne, a shekara sefa 600,000.

Wannan kuɗi ba ya buƙatar sa'a. Duk wanda ya sassauta ƙafa zai same shi, yau da gobe da jibi. Sai dai kuɗi ne da ke zuwa kaɗan-kaɗan, ba ya ƙara, ba a yi masa shewa a fada. Irin wannan kuɗin ne ya fi saurin zurarewa.

Hutu da ɗokin sa'a

Bayan kaka, in an ɗaure dammunan gero an sayar da wake, yankin na shiga wani yanayi. Wasu matasa na fita ci-rani zuwa Kano da Legas da Agadas, ko wuraren haƙar zinariya na arewa, ko Libiya da Aljeriya. Wasu kuma a lokacin Sallah suke dawowa da abin da suka tara. Lokaci ne na hutu, na zaman fada da shayi, na shiga Maradi ko Damagaram a kwana biyu a ga gari.

Caca ba baƙuwa ba ce a ƙasar Hausa. An daɗe da sanin 'yan karta a bayan kasuwa, kuma al'umma ba ta taɓa ganinsu da mutunci ba. Abin da ya sauya shi ne siffarta. A manyan garuruwa akwai rumfunan hukumar caca ta ƙasa, LONANI, inda ake zuba kuɗi a kan tseren dawakin da ake yi a Faransa. Wayar hannu kuma ta kawo cacar ƙwallon Turai har inda duk intanet ya kai, ba sai an ga mutum a wurin 'yan karta ba. Kunyar da a da ke hana wasu, yanzu babu ita, tunda daga shi sai wayarsa.

Saurayin da ya yi wata uku yana lallaɓa totur, yana lissafin kowace kwalba, shi ne kuma zai riƙa ƙirga kwanakin da suka rage ya shiga birni ko a dawo gasar zakarun Turai, yana da yaƙinin wannan karon tikitinsa zai ci. Ɗokin yana da daɗi, kuma ɗokin ne ainihin hajar da kamfanonin caca ke sayarwa.

Lissafin mai gidan caca

A ce ƙungiyoyi biyu ƙarfinsu ɗaya, kuma dole ɗaya ta yi nasara. Adalci shi ne wanda ya zuba jika guda ya ci, a ba shi jika biyu. Kamfani ba ya biyan haka. A misali zai biya sefa 1,900. In mutum biyu suka zuba jika-jika, kowa a ɓangarensa, kamfani ya karɓi 2,000, ya biya 1,900, ya riƙe 100. Ko wa ya ci, shi ya samu kashi 5 cikin 100.

Matasa kuma ba wasa ɗaya suke zaɓa ba. Jera wasanni suke yi a tikiti guda don kuɗin ya yi kauri. In aka jera wasa 10 irin na sama, damar a ci duka ita ce 1 cikin 1,024. Wanda ya zuba sefa 500 zai ga an rubuta masa kusan sefa 306,500 a fuskar waya, abin ya burge shi. Amma in yana yankar irin wannan tikiti kullum, a matsakaici sai ya yi kwana 1,024, kusan shekara uku, kafin ya ci sau ɗaya, kuma a lokacin ya riga ya zuba sefa 512,000. Kason kamfani ya tashi daga kashi 5 zuwa kusan 40 cikin 100.

A mayar da shi ga ɗan kabu-kabun nan. Kuɗin lita guda a kullum, sefa 500, a shekara ya zama 182,500. Kashi 40 cikin 100 na wannan shi ne sefa 73,000. Tsimin da ya yi na shekara guda jika 45 ne, caca ta ɗauki jika 73, in ma ya yi sa'ar cin nasa rabon ke nan. Tufka da warwara.

Cacar dawaki ma haka take. In dawaki 16 ne a tsere, hanyoyin da uku na farko za su iya jeruwa 3,360 ne. In biyar na farko ake nema a jere, hanyoyin sun kai 524,160. Tsarinta kuma shi ne a tara kuɗin kowa wuri ɗaya, a cire kason hukuma da na gudanarwa, a raba saura ga waɗanda suka ci. Ranar da dokin da kowa ke zato ya zo na ɗaya, masu rabon suna da yawa, abin da kowa zai samu kaɗan ne.

Waɗanda ke ƙetare

Ga 'yan Nijar da 'yan Najeriya mazauna Amurka, waɗanda da yawansu tuƙin tasi ko kai saƙo suke yi a birane irin su New York da Greensboro, jarrabawar ta fi kusa. A can hutun caca sana'a ce mai zaman kanta. Jihar Nevada ta halatta caca tun 1931, birnin Atlantic City ya buɗe gidan cacarsa na farko a 1978, kuma motocin safa na kwasar mutane daga New York zuwa can. Las Vegas na karɓar baƙi kimanin miliyan 40 a shekara. A 2023 kaɗai gidajen cacar Nevada sun ci sama da dalar Amurka biliyan 15 daga hannun masu wasa.

Wannan adadi shi ne abin da baƙi suka bari bayan an biya duk waɗanda suka ci. Da shi ake gina dogayen otal-otal, da shi ake ba baƙo ɗaki mai rahusa da abin sha kyauta don ya daɗe a zaune.

Faifan rulet ya isa misali. Na Turai yana da gurabe 37, amma wanda ya dace da lamba ana biyansa ninki 35 ne, wato gida na riƙe kashi 2.7 cikin 100. Na Amurka gurabensa 38, kason gida ya kai kashi 5.26. Daga Los Angeles zuwa Las Vegas kimanin kilomita 430 ne. Direban da ya bi a hankali zuwa da dawowa zai iya ceton lita goma da 'yan kai, kuɗin da bai wuce zubi ɗaya ko biyu a tebur ba. Ya yi sa'o'i yana tattalin abin da zai bari cikin minti guda, alhali a gida ana jiran saƙonsa ta Nita ko Amana don a sayi taki.

Doka, addini da lafiya

Matsayin Musulunci a kan caca a bayyane yake. Alƙur'ani ya ambace ta tare da giya a Suratul Baƙara, ya kuma haramta su a Suratul Ma'ida. A Kano, hukumar Hisbah ta rufe shagunan cacar ƙwallo da dama a watan Oktoban 2024. A watan Nuwamban shekarar kuma Kotun Ƙolin Najeriya ta soke dokar caca ta tarayya ta 2005, ta ce hurumin jihohi ne. Sai dai rufe shago ba ya rufe manhajar da ke cikin waya.

Hukumar Lafiya ta Duniya ta sanya jarabar caca cikin jerin cututtukan da take ganewa, a rukuni ɗaya da sauran nau'o'in kamu. Ta ƙiyasta kashi 1.2 cikin 100 na manyan mutane a duniya na fama da ita, kuma kowane mai caca da ya yi nisa yana jawo wa kimanin mutum shida wahala, yawanci iyalinsa.

Alamominta sanannu ne: komawa don a fanshe abin da aka rasa, ƙara yawan zubi, ɓoye wa iyali, cin bashi, da taɓa kuɗin da ba na mutum ba. Ga direba, alamar farko ita ce ranar da balas ɗin mai mota ko kuɗin man gobe ya shiga tikiti. Yawancin 'yan kabu-kabu da direbobin haya ba su ne masu abin hawan ba, amana ce a hannunsu. In balas ya yi giɓi sau biyu, sau uku, mai babur zai karɓi makullinsa, sana'ar ta tafi gaba ɗaya. Wanda ya ga haka a kansa ko a ɗan uwansa, ya yi magana da wani babba da ya yarda da shi ko ma'aikacin lafiya tun abin bai kai ga sayar da gona ba.

Inda rarar za ta zauna

Kuɗin tsimi yana buƙatar wurin zama, in ba haka ba aljihu zai cinye shi. Jihar Maradi ba ta rasa abin koyi a nan. A 1991 ƙungiyar CARE ta fara tsarin Mata Masu Dubara a wannan jiha, inda mata ke haɗuwa duk mako, kowa ta zuba ɗan abin da ta samu a asusu, su ranta wa juna, a raba a ƙarshen zango. Tsarin ya bazu zuwa ƙasashe da dama na Afirka da Asiya, kuma asalinsa daga ƙauyukan nan ne.

Abin da iyaye mata suka yi da dala-dala, 'yan tasha da 'yan fada za su iya yi da rarar mai. A cire ta kowace yamma kafin a zauna shan shayi, a miƙa wa mai adashi ko a tura asusun da ba a taɓawa. A sa mata suna tun farko: sabuwar taya, tunkiyar kiwo, takin damina, kuɗin lasisi, ko kafin alƙalamin babur na kai.

Hutu ma haƙƙi ne ga wanda ya sha rana da ƙura. Ana iya tara kuɗin zuwa kallon kokowar Takobi, ko ziyarar dangi a Katsina ko Damagaram, a ci, a sha, a dawo da tsaraba. Irin wannan tafiya mutum ya san kuɗinta tun kafin ya tashi.

Jika 45 na ɗan kabu-kabu ba za su mayar da shi attajiri ba. Amma suna sayen tayoyi biyu da sarƙa, su bar canjin da za a fara adashin baɗi da shi.